Gonar da Ta Ƙi Buɗewa: Yadda Wasan Facebook Ya Wahalar da Wani Gida Daga 2019 Zuwa 2023

Mutumin, kwamfutar da wasan

Dattijon da wannan bayani ya shafa tsohon malamin gona ne. Ya yi shekara talatin da ɗoriya yana zagaya ƙauyuka a kan babur, yana nuna wa manoma tazarar shuka da lokacin zuba taki, har ya yi ritaya, ciwon gwiwa kuma ya zaunar da shi a gida. Ƙofar gidansa na kallon shagona na gyaran kwamfuta da waya, saboda haka duk abin da zan faɗa a nan ko dai a gabana aka yi shi, ko kuma daga baya aka kawo mini ƙararsa. Baba nake ce masa, haka kuma zan kira shi.

Kwamfutar ta tafi-da-gidanka ce, 'yar gwanjo, babban ɗansa ne ya saya masa. Windows 7 ke kanta, ƙwaƙwalwar aikinta gigabait 4. Batirinta ya daɗe da mutuwa, da an ɗauke wuta take ɗaukewa ita ma. Intanet daga wayar jikarsa ake jona mata ta hotsfot, burauzarsa kuma Chrome ce.

Wasan da ya kama shi FarmVille ne, wanda kamfanin Zynga na Amurka ya fitar a Facebook a watan Yunin 2009, wanda a 2010 ya haura mutum miliyan 80 masu buga shi a wata. Mutum zai yi huɗa, ya yi shuka, ya jira sa'o'in da aka ɗiba wa kowane iri, ya dawo ya girbe. In ya makara amfanin ya bushe a tsaye. Wannan ƙa'ida ta bushewa ita ta sa Baba ya ware ƙaramin littafi mai shuɗin bango, yana rubuta abin da ya shuka da lokacin girbinsa, kamar dai yadda ya saba a bakin aiki.

Akwai abu guda game da irin waɗannan wasanni da ya kamata a sani tun yanzu, don kusan duk rikicin da ya biyo baya a kansa ya rataya. Wasan ba a cikin Facebook yake zaune ba. Facebook kamar kasuwa ce, mai wasan kuma ɗan haya ne da aka ba rumfa. Ƙofar kasuwa da layukanta na hukumar kasuwa ne, amma kayan da ke cikin rumfar daga sito na mai rumfar ake ɗauko su. A kan allo, shafin Facebook ne ke kewaye, a tsakiyarsa kuma akwai wata taga da ke jawo wasan daga sabar kamfanin da ya ƙirƙire shi. Don haka kasuwa na iya ci, rumfa guda tana kulle. Sannan a wancan zamani FarmVille ba ya tashi sai da Flash, wata manhajar kamfanin Adobe da ake maƙala wa burauza a lokacin don ta iya nuna zane mai motsi.

Yuli 2019 zuwa Disamba 2020: alamun farko

Ƙarar farko ta zo ne a damina ta 2019. Baba ya aiko jikarsa ta ce gona ta ɓace, sai wani fili mai ruwan toka da hoton gutsuren wasan haɗa-hoto a tsakiya. Dalilin bai yi wuyar ganowa ba. Chrome ta sabunta kanta zuwa zubi na 76, wanda ya fito a ƙarshen Yulin wannan shekara, kuma daga shi ne aka kashe Flash tun daga tushe, sai wanda ya shiga saiti ya kunna da hannunsa. Na kunna. Na kuma nuna wa yarinyar yadda za ta danna ɗan kwaɗon da ke gefen adireshin shafi ta ba Flash izini, domin izinin ba ya kwana: duk lokacin da aka rufe burauza aka sake buɗewa sai an sake bayarwa.

Aikin bai fi minti biyar ba, wasan ya dawo. Sai dai tun daga ranar, wani siririn rubutun Turanci ya riƙa fitowa a saman burauzar yana cewa bayan Disambar 2020 ba za a ƙara tallafa wa Flash ba. Adobe ya riga ya sanar da hakan tun 25 ga Yulin 2017. Baba yana jin Turanci sarai, amma ya ɗauki rubutun a matsayin irin tallace-tallacen da ke tsalle a shafuka, kullum sai ya rufe shi. A Satumbar 2020 Zynga ya fitar da tasa sanarwar: za a daina sayen kaya a cikin wasan ranar 17 ga Nuwamba, wasan kansa kuma zai tsaya ranar 31 ga Disamba. Wannan ma ta wuce shi. Ni kuma ban yi masa maganar ba, don na ɗauka ya gani.

A cikin wannan tsakani ne kuma, ranar 14 ga Janairun 2020, Microsoft ya daina aiko wa Windows 7 gyare-gyaren tsaro. A lokacin babu abin da ya canza a idon mai kwamfutar.

1 zuwa 11 ga Janairu 2021: magungunan gida

Ranar Juma'a, 1 ga Janairu, bayan sallar asuba Baba ya zauna girbi, wasa ya ƙi buɗewa. Ni kuwa na yi tafiya ɗaurin aure, ban dawo ba sai bayan mako uku, don haka abin da aka yi a wannan tsakani daga bakin 'yan gidan na ji shi.

Jikar ta fara da abin da na koya mata, ta ba Flash izini. Shiru. Wani ɗan maƙwabta ya ce tarkace ne ya taru a burauza, aka goge tarihin bincike da ajiyar wucin-gadi da kukis, wato 'yan bayanan da shafuka ke ajiyewa a burauza don su gane mai shigowa, gaba ɗaya. Abin da hakan ya haifar shi ne Facebook ta fitar da Baba daga asusunsa, kalmar sirri kuma babu wanda ya tuna ta, sai da aka kwana biyu kafin a karɓo sabuwa ta lambar waya. Aka ce data ce ta yi ƙasa, aka sayi gigabait 10. Aka ce layin ne ba shi da ƙarfi a unguwar, aka aro wayar surukinsa mai layin wani kamfani daban. Aka sauke Firefox aka gwada. Duk sakamakon ɗaya ne: Facebook na buɗewa, hotuna da bidiyo na tafiya lafiya, wasa babu.

A cikin kwana goma sha ɗayan nan babu wanda ya rubuta sunan wasan a Google ya ga abin da ake cewa a kansa.

Tsakiyar Janairu 2021: a hannun mai gyara

Da magungunan gida suka ƙare, surukin ya ɗauki kwamfutar ya kai wani shago a kasuwa. Yaron shagon ya duba ya ce ƙwayar cuta ce, sai an yi mata fomat. Aka amince. Abubuwa huɗu ya yi, kuma ya faɗa wa surukin su ɗaya bayan ɗaya cikin alfahari, shi ya sa na san jerinsu.

Ya share kwamfutar ya sake ɗora Windows 7 daga faifan da ke shagonsa, ba tare da ya kwashe abin da ke ciki ba. Ya ɗora wata tsohuwar Chrome daga filashinsa. Ya sauko da wani abu mai suna Flash daga wani shafi da ba na Adobe ba. Na huɗu kuma, ya mayar da agogon kwamfutar baya zuwa farkon Disambar 2020, ya cire alamar da ke sa ta daidaita lokaci da intanet.

Wannan na ƙarshe ba hauka ba ne, dabara ce da ta yaɗu a lokacin. Adobe ya dasa wa zubin Flash na baya-bayan nan wa'adi a cikinsu, daga 12 ga Janairun 2021 su daina nuna komai, kuma agogon kwamfuta suke dubawa su san ranar. In aka ja agogo baya sai su ɗauka wa'adi bai cika ba. Yaron ya buɗe wani shafin gwaji, zane ya motsa, ya nuna wa surukin cewa Flash ya tashi. Da aka buɗe FarmVille kuwa, babu abin da ya canza. Ya ce a je gida a ba shi kwana biyu zai daidaita.

A cikin abin da fomat ɗin ya tafi da shi akwai hotunan bikin 'yar autar Baba da takardun fanshonsa da aka ɗauka a hoto.

Ƙarshen Janairu 2021: labarin da ba a so ji ba

Da na dawo, na shiga gaishe shi, na tarar da kwamfutar a rufe a kan tabarma an ɗora mata carbi.

"Ɗana, gonar nan fa ta gagari kowa."

"Baba, ba gagara ta yi ba. Masu ita ne suka rufe ta tun daren 31 ga Disamba."

"Suka rufe wa ni kaɗai?"

"Wa duniya baki ɗaya."

Na nuna masa sanarwar a wayata. Ya karanta sau biyu, ya cire tabarau ya goge. Na ƙara masa bayani cewa a cikin wannan watan Chrome ta 88 da ta fito ranar 19, da Firefox ta 85 da ta fito ranar 26, duk sun cire Flash ɗungurum, kuma ko da an samu hanyar tayar da Flash, filin gonarsa da dabbobinsa da maƙwabtansa a sabar kamfanin suke ajiye, ba a kwamfutarsa ba. Ya yi shiru can ya ce, "To ai ko gonar gwamnati in za a karɓe ana aiko da takarda." Na ce an aiko, ita ce wadda yake rufewa kullum. Ya yi dariyar da ba ta kai ciki ba.

Muka yi shawara a nema masa wani wasan gona daga cikin sababbin da ba sa buƙatar Flash, waɗanda aka gina da HTML5, wato burauzar ce da kanta ke tafiyar da su. Jikarsa ta zaɓo ɗaya. Shi ma ya ƙi buɗewa.

Fabrairu 2021: warware ƙulli ɗaya bayan ɗaya

Nan ne aikin gaske ya fara, kuma ya ci mini yammaci huɗu.

Yammacin farko ban taɓa kwamfutarsa ba tukuna. Na ɗauko tawa daga shago, na jona ta da wayar jikar, a ɗaki guda, na shiga da asusun Baba. Sabon wasan ya buɗe cikin ƙasa da minti ɗaya. Wannan gwaji guda ya wanke abubuwa uku a lokaci ɗaya: layin waya, asusun Facebook, da wasan kansa. Saura kwamfutar.

Na sabunta Chrome zuwa ta 88, na buɗe wasan. A tsakiyar shafin sai fili mai ruwan toka da hoton wata 'yar takarda mai ɓacin fuska. Na danna F12, maɓallin da ke buɗe ɗakin bayan burauza inda take rubuta koke-kokenta da jan rubutu. Layin farko ya ce ERR_CERT_DATE_INVALID. Na kalli kusurwar allo ta ƙasa, na ga kwamfutar tana cikin Disamba mu kuma muna cikin Fabrairu.

Yadda abin yake shi ne, duk shafin da adireshinsa ke da kwaɗo yana nuna wa burauza takardar shaida mai ranar farawa da ranar ƙarewa, da yawansu kuma kwana 90 kawai suke yi a sabunta su. Kwamfutar da agogonta ke baya da mako shida, in aka nuna mata takardar da aka bayar makon jiya, gani take an rubuta ta a ranar da ba ta zo ba tukuna, sai ta ƙi karɓa. A ranar, takardar Facebook ta tsallake, ta sabar wasan ce ta faɗa cikin ramin. Shi ya sa kasuwa ta buɗe rumfa ta ƙi.

Da farko na zargi ɗan batirin nan mai kama da kwabo da ke riƙe wa kwamfuta lokaci in an kashe ta, don shi ne ya fi yawan jawo wannan a tsofaffin kwamfutoci. Na gyara agogo, na zare waya daga bango, muka bar ta ta kwana. Da safe lokaci na nan daidai. Batirin lafiyarsa lau. Sai a lokacin surukin ya tuna ya ba ni labarin dabarar yaron kasuwa. Na mayar da alamar daidaita lokaci da intanet.

Yammaci na biyu, filin tokar ya tafi, sandar lodi ta bayyana, ta tafi har wajen kashi 60 cikin ɗari ta tsaya cak. A nan ni ma na yi nawa kuskuren. Na buɗe tagar sirri ta Chrome don in gwada wasan ba tare da maƙale-maƙalen burauza ba, wato ƙananan manhajojin da ake ƙara mata, tunda a wannan taga ba sa aiki. Sai wasan ya shiga wani sabon hali: ya nemi a shiga da Facebook, a shiga, ya sake nema, kwan-gaba kwan-baya. Na yanke cewa izinin da ke tsakanin asusun da wasan ne ya lalace, na shiga saitin Facebook na cire shi, na sake bayarwa, na sake cirewa. Har aka kira magariba ban matsa ko taki ɗaya ba. Sai da na kwanta na tuna cewa tun zubi na 83, a Mayun 2020, tagar sirrin Chrome tana toshe kukis na shafukan waje da kanta. Wasan da ke zaune a taga cikin shafin wani kuwa da irin waɗannan kukis yake gane wanda ya shigo. Ina nufin in canza abu ɗaya, ashe biyu na canza.

Yammaci na uku na bi ta wata hanya. Na buɗe sabon mai amfani a Chrome, fes, babu maƙale ko ɗaya, kukis kuma a buɗe. Sandar ta wuce 60 ta kai ƙarshe. Na koma tsohon na duba jerin maƙale-maƙalen, na tarar da guda biyu da babu wanda ya san da su a gidan, ɗaya na iƙirarin taimaka wa bincike, ɗaya na iƙirarin nemo rangwamen kaya. Su ne ke cusa tallace-tallace a cikin kowane shafi, garin haka suke tare wasu fayilolin wasan a hanya. Na cire su, na rufe burauza na buɗe, ɗaya ya dawo. Uwarsa na cikin jerin manhajojin Windows, ranar ɗora ta kuma ta yi daidai da ranar da aka ɗora jabun Flash ɗin. Na tumɓuke ta daga can, na mayar da saitin Chrome yadda ya zo daga kamfani, na bi kwamfutar da manhajar kakkaɓe ƙwayoyin cuta.

Yanzu wasa na lodi har ƙarshe, amma abin da ke biyo baya baƙin allo ne na kusan minti huɗu, sannan gona ta fito tana motsi kamar hawainiya, fankar kwamfutar na ruri kamar injin markaɗe, ƙasanta ya yi zafin da ba a iya ɗora ta a cinya. In aka danna shuka sai a ƙirga biyar kafin ta amsa.

Yammaci na huɗu, abin da ya ba ni haske maganar Baba ce. Ya ce abu ɗaya da ya gode wa yaron kasuwa shi ne ya ƙara masa girman rubutu, yanzu ko ba tabarau yana gani. Na lura da kyau: gumakan allon sun yi ɓul-ɓul, sun ɗan baje a faɗi, maɓallan rage haske ba sa aiki, kwamfutar kuma ba ta iya yin barci in an rufe murfinta. Ba alheri aka yi masa ba, direban hoto ne babu. A jerin kayan cikin kwamfuta, inda ya kamata a ga sunan na'urar hotonta, an rubuta Standard VGA Graphics Adapter, wato direban wucin-gadi da Windows 7 ke lallaɓawa da shi in ba a ɗora na ainihi ba. Na rubuta chrome://gpu a wurin adireshi, shafin ya nuna cewa WebGL, hanyar da sababbin wasanni ke bi su yi zane, ba ta samun taimakon na'urar hoto, babbar ƙwaƙwalwar kwamfutar ce ke ɗauke da kayan duka a ka. Na sauko da direban daga shafin kamfanin da ya ƙera kwamfutar, na ɗora, na kashe na kunna. Wasan ya buɗe cikin daƙiƙa 50, fanka ta yi shiru. Rubutu ya koma ƙanana, Baba ya yi ƙorafi, na ƙara masa girmansa ta hanyar da ta dace.

Kafin in tafi na roƙe shi abu ɗaya: a bayan littafinsa mai shuɗin bango, duk ranar da wasa ya ƙi, ya rubuta kwanan wata, da abin da allo ya nuna harafi da harafi, da abin da aka taɓa a kwamfutar ko wayar kafin nan. Kada kuma a goge komai ko a kai ta ko'ina sai an karanta wannan.

Mayu 2021: data mai rahusa

Rubutu na farko a littafin gajere ne. Facebook na buɗewa, wasa na tsayawa a kashi 0, kuma jiya jikarsa ta sayi sabuwar data. Da na tambaye ta, ashe irin ƙunshin nan mai araha ta saya, na shafukan zumunta kaɗai. Kamfanin waya na barin hanyar Facebook a buɗe, amma sabar mai wasan ba ta cikin jerin. Aka sayi data gama-gari, magana ta ƙare cikin minti goma.

30 ga Satumba da 4 ga Oktoba 2021: ciwo biyu cikin kwana biyar

Daren Alhamis 30 ga Satumba filin toka ya dawo. Baba ya sa jikar ta danna F12 kamar yadda ta ga ina yi, ya kwafe jan rubutun a littafi: ERR_CERT_DATE_INVALID, irin na Fabrairu sak. A ƙasa ya ƙara da nasa: "Agogo daidai yake, na duba da rediyo."

Wannan layin ya rage mini aikin awa guda. Na buɗe wasan a Firefox, ya tashi. A Chrome ya ƙi, tare da wasu shafuka da dama da ba su da alaƙa da wasa. Bambancin shi ne a wancan lokaci Chrome na dogara da jerin manyan takardun shaida da ke cikin Windows, Firefox kuwa da nata jerin take yawo. A ranar ce wata tsohuwar uwar takarda mai suna DST Root CA X3 ta cika wa'adinta, wadda miliyoyin shafukan da ke karɓar shaida daga Let's Encrypt, wata ƙungiya mai ba da irin waɗannan takardu, suka daɗe suna jingina da ita. Magajiyarta, ISRG Root X1, ta daɗe da shiga kwamfutocin da ke karɓar sabuntawa. Windows ɗin faifan kasuwa ba ta taɓa karɓar ko ɗaya ba. Na sauko da sabuwar takardar daga shafin masu ita ta Firefox, na shigar da ita jerin Windows, Chrome ta dawo hayyacinta.

Ranar Litinin 4 ga Oktoba, bayan la'asar, komai ya sake tsayawa, wannan karon har da Facebook ɗin kanta. Unguwa ta ɗauka gwamnati ce, kuma biri ya yi kama da mutum: tun watan Yuni aka dakatar da Twitter a Najeriya, a farkon Satumba kuma aka katse layukan waya a Zamfara. Surukin ya zo da shawarar a ɗora VPN. Baba ya hana. Ya sa aka gwada Google, ta buɗe. Aka gwada WhatsApp da Instagram a wayoyi uku, duk shiru. Ya rubuta a littafi, ya rufe kwamfutar ya tafi masallaci. Kusan awa shida abin ya ɗauka a duniya baki ɗaya, kamfanin kuma daga baya ya bayyana cewa wani sauyin saiti ne a manyan na'urorin da ke haɗa cibiyoyinsa ya yanke su daga intanet. Da safe wasa ya buɗe ba tare da an taɓa komai ba.

2023: inda aka tsaya

Chrome ta 109, ta Janairun 2023, ita ce ta ƙarshe da ke hawa Windows 7. Firefox ma ta tsaya a ta 115 a watan Yuli. Wannan karon da rubutun gargaɗi ya fito a saman burauza, Baba ya kwafe shi a littafi ya aiko mini. Muka kwashe duk abin da ke cikin kwamfutar zuwa filashi biyu, na tanadi direbobinta tun kafin in taɓa ta, na ƙara ƙwaƙwalwar zuwa gigabait 8, na canza mata ma'ajiya zuwa mai sauri da ake kira SSD, na ɗora Windows 10. Wasan na buɗewa cikin daƙiƙa 20 zuwa 30, gwargwadon ƙarfin sabis.

Abin da nake gani

Matsalar 1 ga Janairun 2021 ba ta da magani, kuma ba a kwamfutar take ba. Ranar da aka kai ta kasuwa lafiyarta ƙalau. Cututtuka ukun da na yi yammaci huɗu ina cirewa, agogo da maƙale-maƙale da direban hoto, da na huɗun da ya jira har Satumba ya fito, duk a wajen neman magani aka ɗauko su. Gyaran gangar Auzinawa ke nan. Ban ɗora wa yaron shagon laifin duka ba, domin dabararsa ta agogo ta nuna ya san wani abu game da Flash. Abin da bai tambaya ba shi ne ko wasan na nan da rai, kuma fomat ba tare da kwashe kaya ba ba shi da uzuri. Nawa laifin ya riga nasa: na ga gargaɗin tun 2019, na gyara alamar na bar mutumin bai san wa'adi na tafe ba.

Abin da ya sa magungunan gida suka faɗi shi ne duk sun ɗauka "ya ƙi buɗewa" ciwo ɗaya ne. A wannan gida kaɗai kalmar ta rufe dalilai takwas mabambanta, biyu daga ciki ma babu abin da mai kwamfuta zai iya yi a kansu. Allon kuwa kowane karo yana bambanta su: gutsuren haɗa-hoto daban, takarda mai ɓacin fuska daban, sandar da ta tsaya a 0 daban da wadda ta tsaya a 60, baƙin allo bayan lodi ya cika shi ma daban. Gwajin da ya fi kowanne amfani shi ne mafi arha, wato a ajiye wata kwamfutar a gefe, layi ɗaya, asusu ɗaya, a ga ko za ta buɗe. Goge tarkacen burauza, wanda shi kowa ke fara ba da shawara, bai gyara ko ɗaya daga cikin takwas ɗin ba.

Takardun fansho an sake ɗaukar su a hoto. Hotunan bikin an samo kaɗan a wayoyin dangi, sauran sun tafi. Littafin mai shuɗin bango na nan a aljihun jakar kwamfutar, ana cika shi daga baya zuwa gaba. Ta gaban kuma, layin ƙarshe na tsohuwar gonar na ɗauke da kwanan watan 31 ga Disamba 2020, an rubuta alkama fili goma sha biyu, gurbin lokacin girbi an cika shi da ƙarfe shida na safe.